Rolls-Royce: Yadda asarar fam biliyan 4 ta rikiɗe ta koma riba

A ranar 27 ga watan Fabrairun 2025, kamfanin Rolls-Royce na Birtaniya, wanda ke ƙera injunan jiragen sama, ya bayyana cewa ya samu ribar aiki ta kusan fam biliyan 2 da rabi a shekarar 2024.

Kamfanin ya kuma ce zai biya masu hannun jarinsa rabon riba na fenni 6 a kan kowane hannun jari, abin da ya dakatar tun lokacin da annobar korona ta ɓarke. Ya ƙara da cewa zai kashe fam biliyan 1 wajen sake sayen hannayen jarinsa daga kasuwa.

Shekaru huɗu kacal kafin wannan sanarwa, kamfanin ya tafka asarar kimanin fam biliyan 4 a shekarar 2020, kuma a lokacin an yi ta tababa a kasuwar hannayen jari ta Landan kan ko zai iya kai labari ba tare da gwamnati ta tallafe shi ba.

Kafin a yi nisa, akwai wani ruɗani da ya kamata a kawar. Wannan Rolls-Royce ɗin ba shi ne mai ƙera motocin alfarma da sarakuna da attajirai ke shiga ba. Asalinsu ɗaya ne, wato kamfanin da Charles Rolls da Henry Royce suka kafa a 1906, amma an raba su tun 1973. Motocin suna hannun kamfanin BMW na Jamus, shi kuwa mai injuna yana da hedikwata a Landan, kuma babbar masana'antarsa tana garin Derby a tsakiyar Ingila.

Abin da alƙaluman suka nuna

Kuɗin shigar kamfanin a 2024 ya kai fam biliyan 17 da miliyan 800, daga fam biliyan 15 da miliyan 400 a 2023.

Ribar aiki kuma, wato abin da ya rage bayan an cire kuɗin gudanar da harkoki amma kafin a biya haraji da kuɗin ruwan bashi, ta tashi daga fam miliyan 652 a 2022 zuwa kimanin biliyan 1 da miliyan 600 a 2023, sannan ta kusa biliyan 2 da rabi a 2024. Ma'ana ta ninka kusan sau huɗu cikin shekara biyu.

To amma masu zuba jari sun fi sa ido a kan wani adadi na daban, wato tsabar kuɗin da ta saura a aljihun kamfani bayan ya gama duk wasu kashe-kashe na shekara. Dalili kuwa shi ne riba a takarda tana iya sauyawa gwargwadon yadda akanta ya tsara lissafinsa, amma tsabar kuɗi ko dai tana nan ko babu. A 2020 kamfanin ya zubar da fam biliyan 4 da miliyan 200 fiye da abin da ya shigo masa. A 2024 kuwa rarar fam biliyan 2 da miliyan 400 ya samu.

Wannan ne ya sa ya fita daga ƙangin bashi, har ya rufe shekarar 2024 da kuɗi a hannu fiye da bashin da ake bin sa. Manyan cibiyoyin da ke auna ƙarfin kamfanoni wajen biyan bashi su ma sun mayar da shi cikin sahun waɗanda ake iya ranta wa kuɗi ba tare da fargaba ba, matsayin da ya rasa a 2020.

Ba a sayar da inji don riba

Ba za a fahimci faɗuwar kamfanin ko farfaɗowarsa ba sai an san yadda yake samun kuɗi, domin tsarin ya saɓa wa abin da aka saba gani a fatauci.

Shekara da shekaru Rolls-Royce yana sayar da manyan injunansa ga kamfanonin jiragen sama a farashin da bai kai kuɗin ƙera su ba. Yana yin hakan ne da saninsa. Injin jirgin sama yakan yi aiki na shekara 20 ko fiye, kuma a tsawon wannan lokaci dole a riƙa sauke shi ana kwancewa, ana sauya sassan da suka gaji. A nan ribar take.

Yawancin kamfanonin jiragen da ke amfani da injunansa suna sa hannu a wata doguwar yarjejeniya mai suna TotalCare. A ƙarƙashinta, kamfanin jirgi yana biyan wani ƙayyadadden kuɗi a kan kowace sa'a da injin ya yi yana aiki a sama, shi kuma Rolls-Royce ya ɗauki nauyin gyara duk lokacin da buƙata ta taso. Tsarin ya samo asali ne tun 1962, lokacin da kamfanin Bristol Siddeley, wanda Rolls-Royce ya saye daga baya, ya fara gwada shi a kan ƙananan jiragen 'yan kasuwa.

Wannan tsari yana da fuska biyu. Idan jirage na tashi kuma inji ya daɗe bai nemi gyara ba, kuɗi na kwarara ba ƙaƙƙautawa. Idan kuwa jirage suka tsaya, to kuɗin ma sun tsaya. Idan inji ya riƙa lalacewa kafin lokacin da aka ƙiyasta, asarar a wuyan mai ƙera shi take, ba a wuyan mai jirgi ba.

Duka biyun sun faɗa wa Rolls-Royce, ɗaya bayan ɗaya.

Na farko shi ne matsalar injin Trent 1000, wanda ake ɗora wa jirgin Boeing 787. Tun daga 2016 aka fara gano cewa wasu ƙananan fikafikan ƙarfe da ke juyawa a cikinsa suna tsagewa da wuri. An ajiye jirage da dama ana jiran gyara, kuma a ƙarshen 2019 kamfanin ya ƙiyasta cewa matsalar za ta lashe masa kimanin fam biliyan 2 da miliyan 400.

Yana cikin wannan hali annobar korona ta zo. Rolls-Royce ya fi kowa jin jiki a cikin takwarorinsa saboda manyan injunansa na jirage masu dogon zango ne, waɗanda ke ƙetare nahiyoyi, kuma irin wannan zirga-zirga ce ta fi tsayawa cik lokacin da ƙasashe suka rufe iyakokinsu. Sa'o'in da manyan injunansa suka yi a sama a 2020 kashi 43 cikin ɗari ne kawai na abin da suka yi a 2019.

A watan Mayun 2020 shugaban kamfanin na lokacin, Warren East, ya sanar da rage ma'aikata 9,000 daga cikin 52,000. A watan Oktoba aka nemi masu hannun jari su ƙaro fam biliyan 2 don kada jirgin ya nutse. Farashin hannun jari ɗaya ya faɗi ƙasa da fenni 40. Daga baya aka sayar da reshen kamfanin na ƙasar Sifaniya, ITP Aero, a kan kimanin yuro biliyan 1 da miliyan 700.

Tsofaffin ma'aikata a Derby sun san cewa ba wannan ne karon farko ba. A 1971 kamfanin ya durƙushe baki ɗaya saboda kuɗin da ƙera injin RB211 ya ci, har gwamnatin Edward Heath ta karɓe shi, duk da cewa gwamnatin masu ra'ayin riƙau ce da ba ta son mallakar kamfanoni. Sai a 1987 gwamnatin Margaret Thatcher ta sake sayar da shi ga 'yan kasuwa. Abin mamaki, wannan injin da ya kayar da kamfanin shi ne kakan dukkan injunan Trent da yake cin gajiyarsu a yau.

Zuwan sabon shugaba

A watan Janairun 2023 Tufan Erginbilgiç, haifaffen ƙasar Turkiyya wanda ya shafe fiye da shekara 20 a kamfanin mai na BP, ya karɓi ragamar kamfanin. Makonni kaɗan da kama aiki ya tara ma'aikata, ya kwatanta kamfanin da dandamalin da ke ci da wuta, ya ce wannan ce damar ƙarshe da ta rage musu. Maganar ta fita waje, kuma ba kowa ta yi wa daɗi ba.

Matakin da ya fi tasiri a cikin waɗanda ya ɗauka shi ne komawa kan tsofaffin yarjejeniyoyi. An gano cewa da yawa daga cikin kwangilolin gyara an ƙulla su ne a farashin da ba zai taɓa kawo riba ba, saboda a baya kamfanin ya fi damuwa da samun kasuwa fiye da samun riba. Aka koma teburin ciniki da kamfanonin jiragen sama, aka ƙara farashi, aka sauya sharuɗɗa.

Abin da ya ba shi ƙarfin yin haka shi ne cewa abokan cinikin ba su da wani zaɓi mai yawa. Jirgin Airbus A350 ba ya amfani da wani inji sai Trent XWB na Rolls-Royce, haka ma A330neo sai Trent 7000. Duk wanda ya sayi waɗannan jirage ya riga ya ɗaura aure da Rolls-Royce har ƙarshen rayuwar jirgin.

A watan Oktoban 2023 an kuma sanar da rage wasu ma'aikatan tsakanin 2,000 zuwa 2,500, galibi a ofisoshi, tare da haɗe sassan da ke yin aiki iri ɗaya.

Sai dai adalci shi ne a ce sabon shugaban ya zo a kan gaɓa. Zirga-zirgar jiragen dogon zango ta riga ta fara dawowa kafin ya kama aiki. Sa'o'in tashin manyan injunan sun kai kashi 65 cikin ɗari na matsayin 2019 a shekarar 2022, suka kai kashi 88 a 2023, sannan suka zarce matsayin 2019 da kaɗan a 2024. Yawancin raɗaɗin rage ma'aikata kuma wanda ya gada ne ya riga ya sha shi. Ana iya muhawara kan rabon yabo tsakanin shugaba da yanayi, amma yadda ribar ta fi sa'o'in tashi saurin ƙaruwa yana nuna cewa sauya farashi ya yi aiki ƙwarai.

Kasuwa dai ba ta tsaya wannan muhawara ba. Hannun jarin da bai kai fam 1 ba a farkon 2023 ya ninka fiye da sau uku a shekarar, sannan ya haura fam 10 a 2025. A 2024 kamfanin ya raba wa kowane ɗaya daga cikin ma'aikatansa kimanin 42,000 hannayen jari 150 kyauta.

Riba iri biyu

Mai karanta rahoton shekara na Rolls-Royce zai ci karo da riba kala biyu, kuma wani lokaci suna nuna hanyoyi mabambanta.

Akwai wadda dokokin akanta suka tilasta a bayyana, akwai kuma wadda kamfanin ke kira ribar ainihin harka, wadda ita ce aka ambata a sama. Bambancin ya fi fitowa ne daga canjin kuɗi. Ana cinikin injunan jiragen sama da dalar Amurka, alhali albashi da yawancin ɗawainiyar kamfanin da fam ake biya. Don kare kansa daga hawa da saukar dala, kamfanin yana ƙulla yarjejeniya da bankuna ta shekaru masu zuwa a kan wani tsayayyen farashin canji.

Idan fam ya faɗi, darajar waɗannan yarjejeniyoyi a takarda takan faɗi, sai a rubuta ta a matsayin asara ko da kwabo bai fita ba. A 2016, shekarar da 'yan Birtaniya suka kaɗa ƙuri'ar ficewa daga Tarayyar Turai kuma fam ya zube, kamfanin ya bayyana asarar fam biliyan 4 da miliyan 600, alhali a ainihin harkarsa ribar fam miliyan 813 ya ci. Haka a 2022, lissafin doka ya nuna asarar kimanin fam biliyan 1 da rabi kafin haraji, a daidai shekarar da ribar aiki ta kasance fam miliyan 652.

Wani ɓangare na asarar 2016 kuma ba na takarda ba ne. A watan Janairun 2017 kamfanin ya amince ya biya fam miliyan 671 ga hukumomin Birtaniya da Amurka da Brazil domin kawo ƙarshen binciken cin hanci. Yarjejeniyar da ya ƙulla da hukumar binciken manyan zamba ta Birtaniya ta shafi abubuwan da suka faru a ƙasashe bakwai, kuma Najeriya na cikinsu, tare da Indonesiya da Thailand da Indiya da Rasha da China da Malesiya. Abin da ya shafi Najeriya ya danganci sashen makamashi na kamfanin, wanda ya sayar wa Siemens a 2014. Kamfanin ya nemi afuwa a bainar jama'a.

Sauran sassan

Jiragen fasinja su ne suka kawo kimanin rabin kuɗin shigar 2024, wato fam biliyan 9, da ribar fam biliyan 1 da rabi. Sauran rabin ya fito ne daga sassa biyu.

Sashen tsaro yana ƙera injunan jiragen yaƙi da na dakon sojoji, kuma shi ne ke yin na'urorin nukiliyar da ke tuƙa jiragen ruwan yaƙin Birtaniya masu tafiya a ƙarƙashin teku. A watan Janairun 2025 ma'aikatar tsaron Birtaniya ta ba shi kwangilar fam biliyan 9 ta shekara takwas a kan wannan aiki. Amurka ma ta zaɓe shi a 2021 ya sauya injunan tsofaffin jiragenta na B-52. Saboda irin wannan muhimmanci ne gwamnatin Birtaniya ke riƙe da wani hannun jari na musamman da ke ba ta ikon hana kamfanin faɗawa hannun baƙi.

Ɗaya sashen, mai cibiya a Friedrichshafen a kudancin Jamus, yana ƙera manyan injunan dizal masu tambarin mtu. Kasuwarsa ta buɗe a shekarun nan saboda cibiyoyin adana bayanan kwamfuta da ake ta ginawa, waɗanda kowace ke buƙatar manyan janaretoci na ko-ta-kwana.

Akwai kuma shirin ƙera ƙananan tashoshin lantarki na nukiliya. A watan Yunin 2025 gwamnatin Birtaniya ta zaɓi Rolls-Royce ya gina na farko a ƙasar, kuma kamfanin lantarki na Jamhuriyar Czech ya sayi kaso a shirin. Wannan dai jari ne na dogon lokaci, a shekarun da ake magana kuɗi yake ci ba ya kawowa.

Ƙura da zafi

Babbar barazanar da ke gaban ribar kamfanin tana cikin injin kansa.

A tsakiyar injin jirgin zamani, iskar da ke fitowa daga wurin ƙona mai ta fi zafin da zai narkar da ƙarfen fikafikan da take bugawa. Abin da ke hana su narkewa shi ne wani siririn shafi da ake yi musu, da kuma ƙananan huda da iska mai sanyi ke bi ta cikinsu. Idan jirgi yana tashi daga wuri mai yashi da ƙura, ƙurar takan shiga ta narke, ta manne a jikin fikafikan, ta cinye shafin, ta toshe hudar. Sai injin da ya kamata ya yi shekaru a jikin jirgi ya nemi gyara da wuri.

Wannan matsala ta fi tsanani a yankin Gabas ta Tsakiya, inda manyan masu sayen jiragen dogon zango suke. A bikin baje kolin jiragen sama na Dubai a watan Nuwamban 2023, shugaban kamfanin Emirates, Tim Clark, ya fito fili ya soki injin da ke kan jirgin A350-1000, ya ce ba ya daɗewa yadda ya kamata kafin a sauke shi. Emirates ya ƙi sayen samfurin a wannan biki, ya yi odar jiragen Boeing 777X guda 90 masu injin kamfanin GE na Amurka, sannan ya ɗauki ƙaramin samfurin A350 guda 15. Rolls-Royce ya ce yana kashe fam biliyan 1 wajen ƙara wa injunan Trent juriya.

Batun ya shafi Afirka ma. Kamfanin jiragen Habasha, wanda matafiya da yawa daga Najeriya da Nijar ke bi ta Addis Ababa da shi, shi ne na farko a nahiyar da ya fara amfani da A350 a 2016, kuma a 2024 ya karɓi babban samfurin nan da Emirates ya yi ƙorafi a kansa.

Ƙarancin kayayyakin gyara ma bai kau ba a wannan lokaci. A ƙarshen 2024 kamfanin British Airways ya soke wasu tafiye-tafiye, yana mai ɗora laifin a kan jinkirin samun sassan injin Trent 1000. A watan Satumban shekarar, Cathay Pacific na Hong Kong ya dakatar da wasu jiragensa na A350 don bincike, bayan wani bututun mai ya samu matsala a injin jirgin da ya nufi Zurich. Rolls-Royce da kansa ya ce tangarɗar samun kaya daga masu kawo masa ta rage masa tsabar kuɗi tsakanin fam miliyan 150 zuwa 200 a 2024.

A nan ne ake ganin ɗan saɓani tsakanin murnar masu hannun jari da ƙorafin masu jirage, waɗanda ke biyan farashi mafi tsada a daidai lokacin da wasu jiragensu ke ajiye suna jiran inji.

Kasuwar da aka bari

Akwai kuma giɓin da ribar 2024 ba ta cike ba. Jiragen da aka fi saye a duniya su ne matsakaita masu hanyar wucewa ɗaya a tsakanin kujeru, irin su Boeing 737 da Airbus A320. Rolls-Royce ya fice daga wannan kasuwa a 2012, lokacin da ya sayar wa Pratt & Whitney kasonsa a wani kamfanin haɗin gwiwa. Tun daga nan kasuwar ta zama ta Pratt & Whitney da kuma CFM, wanda GE da Safran na Faransa suka mallaka tare.

Mista Erginbilgiç ya sha cewa kamfanin na son komawa, kuma ya fi son yin hakan da abokin tarayya. Abin da yake taƙama da shi shi ne wani sabon inji na gwaji mai suna UltraFan, wanda aka fara tayarwa a Derby a 2023. Ƙera sabon inji daga tushe yakan ci biliyoyi da shekaru kafin kwabo ya dawo, kuma irin wannan caca ce ta kai kamfanin ƙasa a 1971.

A sanarwar watan Fabrairun 2025, kamfanin ya ce zai cimma burin ribar da ya ɗora wa kansa na 2027 shekara biyu kafin lokaci, don haka ya kafa sabon buri na ribar aiki tsakanin fam biliyan 3 da miliyan 600 zuwa biliyan 3 da miliyan 900 nan da 2028. A ƙarshen watan Yulin 2025, bayan ya ci ribar fam biliyan 1 da miliyan 700 a watanni shida na farko, ya ɗaga hasashensa na shekarar zuwa sama da fam biliyan 3.